Faifai a Kan Kyamara

Katangar gidanmu na Argungu ta fi ta kowa tsawo a layinmu. Ba dukiya ake ɓoyewa ba, don in ka cire buhunan shinkafa da albasar da ake jibgewa in an yi kaka, babu abin da ɓarawo zai wahalar da kansa a kai. Baba ne Allah ya yi shi da kishin gidansa. Shekarar da maƙwabcinmu ya ɗora bene, tun kafin a sa wa benen tagogi Baba ya kira magina suka ƙara wa katangarmu bulo, har hantsi ya daina shigo mana da wuri, Inna ta yi ta mita wai shanyarta ba ta bushewa. A bakin zaure kuma ya sa an rubuta "Ba shiga" da shuɗin fenti, in damina ta wanke a sake. Namiji in ba muharrami ba ne, iyakarsa zaure. Ko mai gyaran wuta sai an yi masa iso, Inna ta shige ɗaki ta saki labule, sannan ya wuce kansa a sunkuye.

Kada wani ya ɗauka a takure Inna take. Mulki take yi a tsakar gidan nan. In ta idar da la'asar sai ta tuɓe ɗankwali ta ajiye a gwiwa, ta zauna da ɗaurin ƙirji a gindin darbejiya, ta tsefe kai ko ta shafa man kaɗe a ƙafa, tana yi wa kaji faɗa kamar masu jin magana. Furfura ta fito mata da wuri, fara tas, kuma in rana ta yi sanyi ta faɗo a kanta har ƙyalli take yi. Muna yara muna tsokanarta da auduga, ta bi mu da muciya. Haka na san uwata, kuma in ban da mu da Baba da matan unguwa, babu wanda ya san ta haka.

Da Baba ya rasu, Allah ya jiƙansa, duk mun riga mun watse. Babban wanmu, wanda muke ce wa Yaya, yana unguwar Gesse a Birnin Kebbi da iyalinsa. Ni ma aure da aiki sun ajiye ni a garin. Sauran kuwa kowa da garin da abinci ya kai shi. Inna ta shiga takaba a ɗakinta, Gwaggo, ƙanwar Baba da gidanta ke manne da namu, tana zuwa taya ta kwana. Takabar Inna irin ta mutanen da ce. Ko zaure ba ta leƙawa, maza masu zuwa gaisuwa daga can suke ɗaga murya, ita kuma ta amsa ta bakin Gwaggo.

Ana cikin haka wata safiya santsi ya kwashe ta a bakin rijiya. Gwaggo ta riga ta koma gidanta, sai da ta dawo kawo kunu ta tarar da ita a zaune a ƙasa ta kasa tashi. Ba ta karye ba, targaɗe ne, amma hankalinmu ya tashi ƙwarai. Washegari muka cika gidan. Yaya mutum ne mai son a yi abu a gama, ya durƙusa a bakin ƙofarta ya ce da ta fita takaba zai ɗauke ta zuwa Gesse, ya riga ya sa an gyara mata ɗaki har da fanka da banɗaki a ciki.

Inna ta ce, "Ni ba ni zuwa ko'ina. Nan anka kawo ni, nan za a ɗauke ni."

Aka yi lallashi, aka kawo misalai, har Gwaggo ta sa baki. Inna tana jan carbi kamar ba da ita ake ba. Da Yaya ya ga ba ci gaba, sai ya sauko.

"To Inna, in kin ƙi tahiya, ki bari a sa miki kyamara nan tsakar gida. Duk inda muke, mu diba waya mu ga kina lahiya."

"Wa za shi ganina?"

"Mu ɗiyanki."

"Ku kaɗai?"

"Mu kaɗai, Inna."

Ta ce in dai shi ne zai sa a bar ta a ɗakin mijinta, a sa. Sharaɗin ke nan, kuma kowa ya ji: kyamara tana nan, Inna tana Argungu.

Mai haɗa kayan ya zo daga Birnin Kebbi. Aka yi masa iso kamar kowa, Inna tana bayan labule, ya kafa abin a ƙarƙashin rufin ɗakin girki, inda yake kallon rijiya da darbejiya da ƙofar ɗakinta. Ya haɗa shi da ɗan akwatin intanet da batirin sola, ya buɗe hanya yadda za a iya gani daga kowane gari. Da zai tafi ya ce wa Yaya lambar sirrin da ke kai ta kamfani ce, da ita kowace irin wannan kyamara ke zuwa, ya kamata ya canza ya sa tasa. Ina tsaye a zaure, da kunnena na ji.

Yaya ya ce, "Bar ta hakanan. Inna ta kowa ta."

Ya yi mana bayani a mota. Wai in ya sa tasa lambar, ya zama shi ke riƙe da makullin uwa, wanda ya ga dama ya ba, kuma duk wanda aka manta zai ce an ware shi. Ga 'ya'yan Gwaggo da Inna ta goya, ga ɗan riƙonta da ke kudu, ga surukai. Gara a bar wadda kowa zai iya tunawa, kada kyamara ta raba zumunci. Maganar ta yi daɗin ji, duk muka gyaɗa kai. Ni dai na san akwai wani dalilin da bai faɗa ba, don Yaya ko lambar katinsa na banki matarsa ke tuna masa.

Gaskiya mun ji daɗin abin. Da farko Inna tana ɗari-ɗari da shi, ta wuce tana harararsa ta gefen ido. Ba a jima ba ta maishe shi ɗan gida. Da safe in ta gama lazimi sai ta fito ta tsaya a gabansa, don an gaya mata yana ɗaukar murya.

"Kun kwana lahiya? Ya ɗiyan? To, Allah shi yi muku albarka, shi tsare gabanku da bayanku."

Ta bi mu ɗaya bayan ɗaya tana ambato, har da wanda take fushi da shi, shi a ƙarshe. Ba ta jin amsarmu, amma muna amsawa. Ni a kicin nake amsawa, wayar jingine da gwangwanin madara, ina haɗa wa yara abin kari. In kaza ta ƙyanƙyashe sai ta ɗago ɗan tsako ta nuna mana. In aka kawo albasar fari daga fadama ta ɗaga babba guda tana juya ta. Da ta fita takaba ma ba a sake tayar da zancen Gesse ba.

Sannu a hankali kuma ta riƙa mantawa da shi, ta koma yadda take. La'asar ta yi, ɗankwali ya sauka. Wata rana na buɗe na gan ta ta sauko da goran Baba, babban goran da ya yi kamun kifi da shi a ƙuruciyarsa, wanda ke rataye a bangon ɗakinsa tare da tsohuwar homarsa, ragar da yake kama kifin da ita. Tana goge masa ƙura da gefen zane tana magana ƙasa-ƙasa, tana ba shi labarin farashin taki da wanda ya rasu a unguwa. Daga nan ta share ido. Na kife wayar, don wannan ba rabona ba ne. Amma na ji sanyi a raina cewa gidan yana nan yadda na san shi.

A ofishinmu akwai wata abokiyar aikina, sa'ata ce, ita ke kula da kwamfutoci. Tare muke cin abincin rana. Wata rana ta leƙo ta ga ina kallon Inna tana sheƙa shinkafa, ta yi ta sa albarka, ta ce ita ma za ta sa wa mahaifinta. Sai ta tambaye ni ko lambar sirrin mai ƙarfi ce. Na ce ƙarfi kamar yaya, wadda ta zo da ita ce, na ma faɗa mata ita ina dariya. Ita ba ta yi dariya ba. Ta ajiye cokali ta ce in zo.

Ta zaunar da ni a gaban kwamfutarta ta yi mini bayani a hankali. Ta ce kamar yadda muke da shafin da ake neman labari ko hoto, haka akwai shafukan da aikinsu neman na'urori ne. Dare da rana suna zagaya intanet suna taɓa kowace ƙofa, wadda suka samu a buɗe, ko a rufe da makullin kamfani da kowa ya sani, sai su jera ta. Ba sai mutum ya san ka ba, ba sai yana nemanka ba. Ya zaɓi ƙasa kawai ya zauna yana kallo.

Ta zaɓi Nijeriya. Ƙananan hotuna suka cika allon. Ga wani kantin magani, mai shi yana hamma. Ga gidan kaji. Ga harabar wani gida da mota a lulluɓe. Ga wani falo, yaro yana rarrafe a kan kafet, babu babba a kusa. Tana gangarawa ina cewa a raina mutane dai da sakaci, kamar ni ba 'yar gidan sakacin ba ce. Mun wuce shafi da yawa, har na fara cewa ta bari, namu ƙauye ne wa zai gan shi. Sai na ga gora a jikin bango.

Sunan garin da suka rubuta a ƙasan hoton ma ba Argungu ba ne, wani gari ne can daban. Amma goran Baba ne, ga homa a gefensa, ga darbejiya. Ta danna, hoton ya buɗe ya cika allo. Inna tana zaune a kan tabarma da ɗaurin ƙirji, ɗankwali a gwiwa, ta tsefe rabin kai, rana tana kan furfurarta. Tana 'yar waƙarta ta daka, muryar tana fita ta lasifikar ofis.

Ban yi ihu ba. Hannu na sa na rufe allon, kamar hakan zai hana wani gani. Na tambaye ta mutum nawa suka kalla. Ta ce babu yadda za a sani. Wataƙila babu kowa, wataƙila da yawa, kuma in wani ya naɗa ya ajiye, ya ajiye ke nan. Kunya ce ta fara kama ni kafin tsoro, irin kunyar da ban taɓa ji ba, sannan baƙin ciki ya biyo baya.

Nan take na kira Gwaggo na ce ta shiga ta zare wayar akwatin nan mai ƙyafta ido, in Inna ta tambaya ta ce gyara za a yi. Muna kallo hoton ya tsaya, ya yi baƙi. Sannan na kira Yaya. Ya yi salati ya fi a ƙirga. Kafin magariba ya nemo mai haɗa kayan, washegari aka je aka toshe hanyar da aka bari a buɗe, aka sa doguwar lamba wadda abokiyar aikina ta tsara. Zumuncin da ake tsoron ya rabu kuwa ko gezau bai yi ba, kowa aka tura masa ya karɓa.

A nan muka saɓa da Yaya. Shi a ganinsa an gyara, magana ta ƙare, kada a gaya wa Inna. Ya ce in ta ji za ta ce a cire, in aka cire kuma shi ba zai iya barci ba tana can ita kaɗai, dole ya ɗauko ta, ita kuma ɗaukowar nan ce ba ta so. Ya ce shirun nan shi ne zai bar ta a gidanta. Na san yana da hujja. Amma ni na kasa haɗiye ta. Tambaya ɗaya ta yi kafin ta yarda, aka ba ta amsa, amsar ta zama ba haka ba. Jikinta ne, tsakar gidanta ce. Na ce masa ranar Asabar zan je in faɗa mata, in ya ga dama ya biyo ni, in bai ga dama ba ya zauna ya yi ta haddar sabuwar lambarsa.

Na shiga motar haya da safe. Ta wajen Zauro shinkafa ta yi kore shar har inda ido ya tsaya, mutane sun duƙa a cikin ruwa suna aiki. Kullum in na bi hanyar nan raina yana yin fari, ranar kuwa ina ta jera kalmomi ne ina rushewa.

Na same ta a gindin darbejiya tana tsintar tsakuwa a shinkafa, faifai a cinya, kai a buɗe a cikin inuwa. Muka gaisa, na sha ruwa, ta tambayi yara. Sannan na faɗa mata, ba tare da kwana-kwana ba, da kalmomin da za ta gane. Na ce ƙofar da muke leƙo ta ashe ba a kulle take ba, kuma akwai masu bi suna tura ƙofofi. Hannunta bai daina tsinta ba sai da na kai ƙarshe.

"Maza?"

"Ba mu sani ba, Inna."

"Musulmi ko waɗansu?"

"Ba a iya sani. Ko'ina cikin duniya."

"Tun yaushe?"

"Tun randa anka sa shi."

Ta ɗan yi lissafi a ranta. "Har cikin takaba ke nan."

Na ce, "Har ciki."

Ba ta yi kuka ba, ba ta yi faɗa ba, ni kuwa da faɗan ta yi da na fi samun sauƙi. Hannu ta kai gwiwa ta ɗauki ɗankwalin ta ɗaura, ta ja shi har ya rufe kunnuwa. Daga ni sai ita sai kaji a gidan. Na ce mata ba laifinta ba ne, Allah ya san ba da saninta ba.

"Na san ba laihina ba na," in ji ta. "Mai gidan ga nika tunawa. Wahalar da yas sha kan katangar ga."

Ta ɗaga kai ta bi katangar da kallo, daga zaure har bayan ɗakin girki. Sannan ta ce, "Addu'ar da nika yi muku da sahe, su ma sun ji?" Na ce wataƙila. Ta ce to Allah ya sa ta amfane su, ta ci gaba da tsintarta.

Bayan azahar sai ga Yaya, ashe ya kasa zama. Ya durƙusa ya ba ta haƙuri, har ya ba ni tausayi duk da haushinsa da nake ji. Ya ce yanzu an kulle, ko shi sai ya duba takarda yake shiga. Amma in ta ce a cire, yau za a cire, sai dai ta yi haƙuri ta bi shi Gesse. Na zuba mata ido, don na san a kan wannan gaɓar komai yake.

Inna ta juye shinkafar a ƙwarya, ta kakkaɓe faifan. Ta ce Yaya ya samo ƙusa da igiya. Ya kawo, bai san me za a yi ba. Ta sa shi ya hau turmi ya buga ƙusar a saman kyamarar, ta huda bakin faifan ta zura igiya, aka rataye shi ya sauko ya rufe idon abin ruf. Ɗaya bakin igiyar ta ɗaure a ƙusar da take rataye ludayi, daidai tsawonta.

"Ba a cire ba, balle ka ce in tashi," ta ce masa. "Amma gidan ga ba a shiga sai da sallama. Wanda duk ka son ganina shi kira waya shi yi sallama. In na amsa, in ja igiya."

Yaya ya ce to in ta sake faɗuwa fa, faifai yana rufe?

"Kahin a yi abin ga, wa yat tashe ni? Gwaggonku na nan. Ku kuma ku riƙa kira."

Haka aka yi, haka kuma ake yi har yau. Inna tana Argungu a ɗakin mijinta. Da safe in na buɗe wayata saƙar faifai nake gani, haske yana ratsowa ta 'yan ƙofofinta, ina jin motsin tsintsiya da kukan kaji. Sai in kira in yi sallama. Ta amsa, ta ce in dakata. In ji takunta ta shiga ɗaki ta fito, sannan faifan ya ɗaga. Ga Inna cikin hijabi har ƙasa, a tsaye cak kamar mai ɗaukar hoton fasfo. Mu gaisa, ta sa mini albarka, ta saki igiya. Muna kiranta yanzu fiye da da, wannan kam an samu. 'Yar waƙar daka da hira da gora kuwa, ban sake ji ba.

Na ɗauka don kyamarar take sa hijabin. Sai bazarar da ta wuce na je ba tare da na sanar ba, ana zafin nan na Argungu da ko kaji sai sun buɗe baki. Na yi sallama a zaure na shiga. La'asar ta wuce, faifai yana rufe da kyamara, igiya a ɗaure. Inna tana gindin darbejiya ita kaɗai, cikin hijabi, gumi ya jiƙa mata wuya.

Na ce, "Inna, ai a ruhe yake. Kuma an kulle, wallahi ba mai gani."

"Na sani."

"To ki cire ki sha iska mana."

Ta yi murmushi ta matsa mini a tabarma. "Ni na sani an ruhe. Jikina na bai yarda ba."

Na zauna kusa da ita na ɗauki mafici ina yi mata fifita. Da dare a ɗaki takan cire, in na kwana nakan taya ta tsifa a hasken fitila. Amma a tsakar gidan da aka ƙara wa katanga dominta, rabona da in ga rana a kan furfurar Inna tun ranar nan a ofis, a shafin da kowa ke iya buɗewa.